Giorgio de Chirico: Mai Zanen da Ya Koma Kwaikwayon Kansa

An haifi Giorgio de Chirico a shekarar 1888 a garin Volos na ƙasar Girka, inda mahaifinsa, mutumin Italiya, yake injiniyan hanyar jirgin ƙasa. Ya koyi zane a Girka da Jamus, sannan ya sauka birnin Faris a 1911.

Tsakanin 1910 da 1918 ne ya yi zane-zanen da suka fito da sunansa: dandali fayau babu kowa, doguwar inuwa irin ta la'asar sakaliya, gunki shi kaɗai a tsakar fili, can nesa kuma jirgin ƙasa yana wucewa ta bayan katanga. Duk wanda a cikinmu ya taɓa zuwa gida daga birni ya tarar kasuwa ta watse, ya san irin kewar da ke cikin hotunan nan.

Kwatsam a 1919 sai ya juya wa salon baya, ya rubuta cewa dole a koma ga ƙwarewar magabata. Daga bisani ya duƙufa zanen dawaki da hoton kansa sanye da tufafin mutanen da. André Breton da abokansa, waɗanda a da suka ɗauke shi tamkar uba, suka ce basirarsa ta ƙafe. Masu saye ma tsohon hannun suke nema.

To, a nan ne lamarin ya rikice. Mutumin da ya raina aikin ƙuruciyarsa, shi ne ya zauna yana sake zana shi don sayarwa, wani lokaci har ya rubuta tsohuwar shekara a jiki. Zanensa mai suna Le Muse Inquietanti kaɗai ya maimaita shi fiye da sau goma. Duk da haka bai fasa kukan cewa jabu sun cika kasuwa da sunansa ba, har da zuwa kotu. Da ɗalibina ne ya kawo mini aikin bara da kwanan watan ƙarya, da na san hukuncinsa. Amma a ganina wannan dattijo haushi ne ya ci shi: an yabi shekara takwas, an yi watsi da sittin.

Ya rasu a Roma a 1978 yana da shekara 90. A 1982 Andy Warhol na Amurka ya ɗauki wancan zane da aka yi ta maimaitawa, shi ma ya sake maimaita shi.