Menzies, Mutumin Da Ya Zana Fim Kafin A Ɗauke Shi

A farkon zamanin Hollywood, mai shirya wurin ɗaukar fim bai fi kafinta da mai fenti matsayi ba sosai. Ya kafa bango, ya jera kujeru, darakta ya zo ya dasa kyamara inda ransa ya so. Cikin waɗanda suka karya wannan al'ada babu kamar William Cameron Menzies, wanda aka haifa a New Haven ta Amurka a 1896, ya kuma koyi zane a New York.

Tauraruwarsa ta fara haskawa a 1924, bayan da ɗan wasan fim Douglas Fairbanks ya ba shi aikin gina Bagadaza don fim ɗin The Thief of Bagdad, labari irin na Dare Dubu Da Ɗaya. Menzies ya sa aka goge daɓen dandalin har yana ɗaukar ido, hasumiyoyi da ganuwa suna bayyana a cikinsa, sai mai kallo ya ga kamar birnin bai taɓa ƙasa ba. Da aka fara rabon kyautar Oscar a 1929, shi ya karɓi ta tsara wuri, saboda fina-finan The Dove da Tempest.

Amma aikin da ya haifi sana'ar tsara kamannin fim shi ne Gone with the Wind na 1939. Furodusa David O. Selznick mutum ne mai son komai ya bi ta hannunsa, ga shi fim ɗin ya ci daraktoci: George Cukor ya fara aka sallame shi, Victor Fleming ya karɓa, da gajiya ta kayar da shi Sam Wood ya riƙe na ɗan lokaci. Abin da ya hana fim ɗin zama kwan-gaba-kwan-baya shi ne zane-zanen Menzies. Tun kafin a kunna kyamara ya zana fitowa bayan fitowa da launi: inda haske zai faɗo, kusurwar da za a ɗauka, jan da sama za ta yi. Duk daraktan da ya zo, takardun nan yake tararwa.

Gobarar birnin Atlanta da ke cikin fim ɗin ma da dabararsa aka yi ta. A daren 10 ga Disamba 1938 aka cinna wa tsofaffin gine-ginen fim wuta a filin kamfanin da ke Culver City, ciki har da katafariyar ƙofar nan ta fim ɗin King Kong, bayan an yi musu kwaskwarima sun yi kama da Atlanta. Jifa ɗaya tsuntsu biyu: an samu gobara, an kuma share fili don sabon gini. A lokacin ko wadda za ta fito a matsayin Scarlett, jarumar labarin, ba a zaɓa ba.

Selznick ya ga tsohon muƙamin mai shirya wuri ya yi wa wannan aiki kaɗan, sai ya rubuta a jerin sunaye cewa Menzies ne ya tsara kamannin fim ɗin baki ɗaya. Daga nan muƙamin mai tsara kamannin fim ya samo asali. Abin dariya, Oscar ɗin tsara wuri ta shekarar Lyle Wheeler aka ba, Menzies kuwa aka sallame shi da lambar girmamawa kan yadda ya sarrafa launi. Ya rasu a 1957, kuma sai a 2012 hukumar Oscar ta sauya wa kyautar suna zuwa na muƙamin da ya fara riƙewa.