Yadda Saksofon Ya Samu Kiɗan Kansa

Duk Bahaushen da ya yi zaman Ogbete a Inugu, ko ya yi fatauci tsakanin Anacha da Fatakwal, kunnensa ya san muryar saksofon ko da bakinsa bai san sunan ba. Shi ne lanƙwasasshen abin busar nan na tagulla da ake ratayawa a wuya, wanda ake ji a tsofaffin faya-fayan hailaif, da majami'u ranar Lahadi, da badujalar 'yan sanda. Da shi aka san Fela Anikulapo-Kuti a Legas, da Manu Dibango na Kamaru. Wannan ya sa da yawa suke ɗauka don rawa aka ƙera shi. Alhali maƙerinsa wani wuri ya nufa da shi: zauren kiɗan kilasik na Turai, inda masu sauraro ke zama tsit, makaɗa kuma na bin abin da aka rubuta musu a takarda. Sai da aka shafe kusan shekara 90 kafin saksofon ya samu rubutaccen kiɗan da zai tsaya da shi a wannan zaure.

Dalilin jinkirin ba baƙo ba ne ga wanda ya san kiɗan Hausa. A wurinmu kowane abin kiɗa da gidansa: kalangu na mahauta, dundufa na maƙera, kakaki da tambari na fada, kuma wanda ya gaji ganga ya gaji takenta. A Turai ma goge da fiyano sun gaji abin da Bach da Mozart da Beethoven suka bari. Shi kuwa saksofon ya zo duniya ba gado. Mozart ya rasu a 1791, Beethoven a 1827, tun ba a ƙera shi ba. Duk abin da yake da shi a yau, wasu mutane ƙalilan ne suka nemo masa, wani da kuɗinsa, wani da naci a ƙofar marubutan kiɗa.

Maƙeri daga Dinant

An haifi Adolphe Sax a garin Dinant na ƙasar Beljiyam ranar 6 ga Nuwamba, 1814. Mahaifinsa maƙerin kayan busa ne a Brussels, a hannunsa ya koyi sana'a. Abin da ya dame shi shi ne giɓin da ke tsakanin kayan busa na katako, masu daɗin murya amma ba ƙarfi, da na tagulla, masu amo amma ba laushi. Sai ya ɗauki baki irin na kilarinet, mai ɗan siririn kara guda da ke kaɗawa idan iska ta bi ta kansa, ya haɗa shi da jikin tagulla mai buɗewa a hankali zuwa ƙasa. Ya ƙera shi manya da ƙanana, daga mai siririyar murya har zuwa mai kauri.

A 1842 ya koma Paris. Can ya yi dace da Hector Berlioz, marubucin kiɗa kuma ɗan jarida mai kaifin alƙalami, wanda ya yabi sabon abin busar a jarida a wannan shekarar. A watan Fabrairun 1844 Berlioz ya sa shi cikin wani ɗan kiɗa da ya sake tsarawa don kayan busar Sax, a ƙarshen shekarar kuma Georges Kastner ya yi amfani da shi a nasa aikin. Ranar 28 ga Yuni, 1846, gwamnatin Faransa ta ba Sax takardar mallakar ƙirƙirarsa.

Amma kasuwar da ta fara buɗe masa ta soja ce. A watan Afrilun 1845 aka yi gasa a filin Champ de Mars a gaban dubban jama'a, tsakanin badujalar da Sax ya haɗa da ta tsohon tsari ƙarƙashin Michele Carafa. Ta Sax ta yi rinjaye, rundunar Faransa ta karɓi kayansa. Nasarar ta jawo masa ciniki, ta kuma jawo masa gaba. Maƙeran Paris suka yi masa taron dangi a kotu, shari'a bayan shari'a, har ya karye sau uku, a 1852 da 1873 da 1877. Mabusan manyan ƙungiyoyin kiɗa, waɗanda da yawansu ke da alaƙa da waɗancan maƙera, ba su yi marhabin da baƙon ba.

Sax ya gane cewa ba mai sayen abin busar da ba shi da abin busawa. Da aka ba shi aji a Makarantar Kiɗa ta Paris a 1857, don koyar da mabusan soja, sai ya shiga neman abokansa su rubuta wa ɗalibansa, shi kuma yana bugawa. Jean-Baptiste Singelée, ɗan ƙasarsu, ya rubuta kiɗan saksofon huɗu a 1857, wanda har yau ƙungiyoyin mabusa huɗu ke busawa. Jules Demersseman ma ya rubuta nasa. Ayyuka ne na koyo da nuna gwaninta, ba su kai na manyan marubuta ba, amma su ne tubalin farko.

Aji a rufe shekara 72

Yaƙin Faransa da Furushiya na 1870 ya ci ajin Sax, aka rufe shi, ba a sake buɗewa ba sai 1942. Rashin aji ya jawo rashin ƙwararrun mabusa, marubuci kuwa ba ya ɓata tawada kan abin da ba wanda zai busa masa da kyau. Brahms da Wagner sun gama rayuwarsu ba su ba shi gurbi ba. Abin da ya samu a wannan zamani ɗan leƙe ne: Ambroise Thomas ya sa shi a wasan waƙarsa Hamlet a 1868, Georges Bizet ya ba shi wani sashe mai taushi a L'Arlésienne a 1872, Jules Massenet ya kira shi a Hérodiade da Werther. A kira shi ya yi minti ɗaya ko biyu, ya koma ya zauna. Sax ya rasu a Paris a 1894 cikin talauci.

Ba a Paris aka samu wanda ya fara sa kuɗi don cike wannan giɓi ba. Wata attajira ce a Boston ta Amurka, Elise Hall. Jinta ya soma raguwa bayan wata rashin lafiya, sai mijinta, wanda likita ne, ya ba ta shawarar ta koyi busa. Ta zaɓi saksofon, ta duba ba ta ga abin busawa ba, sai ta buɗe jaka. Ta hannun Georges Longy, Bafaranshen mabushi da ke aiki a Boston, ta aika wa marubutan Faransa kuɗin aiki. Vincent d'Indy da André Caplet sun rubuta mata a 1903, Florent Schmitt a 1918. Wanda ya fi ba ta wahala shi ne wanda ya fi su suna, Claude Debussy. Ya karɓi aikin tun 1901, ya yi ta jan ƙafa, har ya rasu a 1918 bai kammala rabon muryoyin ƙungiya ba. Abokinsa Jean Roger-Ducasse ne ya ƙarasa, aka fara busa Rapsodie a Paris a 1919, kuma ba ita ta busa ba. Duk da haka, saboda ita ne ɗalibin saksofon ke iya cewa yana da Debussy.

Daga nan sai jaz ya zo ya sauya lissafi. A shekarun 1920 saksofon ya zama abin yayi a Amurka, baƙaƙen fata irin su Sidney Bechet da Coleman Hawkins suka fito da muryoyin da Sax bai taɓa ji ba. Marubutan Turai suka waiwayo. Darius Milhaud, bayan ya saurari makaɗan unguwar Harlem, ya ɗora saksofon a tsakiyar La création du monde a 1923. Maurice Ravel ya ba shi waƙar tsohuwar fada lokacin da ya sake tsara wani aikin Mussorgsky a 1922, ya sake kiransa a Boléro a 1928. Prokofiev da Alban Berg da Rachmaninoff duk sun bi sahu. Sai dai farin jinin ya zo da tabo. Masu ra'ayin riƙau suka ce kayan mashaya ne, 'yan Nazi kuma suka yi amfani da zanen baƙar fata mai busa saksofon a tallar baje kolin da suka shirya a Düsseldorf a 1938 don tozarta kiɗan da suka ƙi.

Mabusa biyu

Mafi yawan abin da ake koyarwa a yau ya fito ne ta hannun mutum biyu da suka rasu a shekara guda, 2001. Na farko Marcel Mule, Bafaranshe, haihuwar 1901, mabushi a badujalar Garde Républicaine. Ya ɗauko karkarwar murya da ya ji a wurin 'yan jaz, ya daidaita ta har ta dace da zauren kilasik. A 1928 ya kafa ƙungiyar mabusa huɗu, kuma saboda ita Alexander Glazunov, dattijon marubucin Rasha da ya koma Paris da zama, ya rubuta kiɗan saksofon huɗu a 1932.

Na biyun Sigurd Raschèr ne, haihuwar Jamus a 1907, wanda ya bar ƙasar a 1933 ya koma Denmark, daga baya Suwidin, sannan Amurka. Ya ƙware wajen fitar da sautukan sama waɗanda ba su da maɓalli a jikin saksofon, da sarrafa maƙogwaro da iska. Da ya ji aikin Glazunov a Paris, sai ya je har gida ya busa masa, ya roƙe shi konceto, wato kiɗan da mabushi ɗaya ke ja, babbar ƙungiya na yi masa amshi. Glazunov ya rubuta, Raschèr ya fara busa shi a garin Nyköping na Suwidin ranar 25 ga Nuwamba, 1934. Lars-Erik Larsson ya rubuta masa nasa a wannan shekarar, Jacques Ibert ya ba shi Concertino da camera a 1935. Aikin Glazunov da na Ibert su ne har gobe ma'aunin da ake gwada mabushi da shi. A Amurka kuma Paul Creston ya rubuta wa Cecil Leeson sonata a 1939.

Da aka sake buɗe ajin Paris a 1942, Mule aka ba. A nan wata al'adar makarantar ta yi wa saksofon rana: akan sa marubuci ya tsara sabon kiɗa don jarrabawar fita ta shekara. Ta wannan hanya aka samu aikin Alfred Desenclos na 1956 da wasu da dama. Heitor Villa-Lobos na Brazil ya sadaukar wa Mule da Fantasia a 1948, Paule Maurice kuma ta rubuta masa Tableaux de Provence. A Jami'ar Michigan aka naɗa Larry Teal malamin saksofon a 1953, daga nan jami'o'in Amurka suka shiga yaye mabusa.

Daga Bordeaux zuwa Zariya

An yi taron mabusan saksofon na duniya na farko a Chicago a 1969. A na biyu, a 1970, ɗalibin Mule mai suna Jean-Marie Londeix ya busa sonatar da Edison Denisov na Tarayyar Sobiyet ya rubuta masa. Wannan aiki ya buɗe sabon babi: a fitar da sauti biyu ko uku a busa ɗaya, a bi ta tsakanin sautukan da fiyano ya sani, a kaɗa harshe kamar ana dukan ganga. Londeix, wanda ya koyar a Bordeaux, ya kuma ɗauki nauyin ƙidaya. Ya fara buga jerin ayyukan saksofon a 1971, bugun 2003 kuwa ya ƙunshi sama da 18,000. Japan ma ta shigo da nata, inda Ryo Noda ya kwaikwayi salon sarewar gora ta ƙasarsu.

A wannan babin ne kunnen marubuta ya juyo Afirka. Christian Lauba, wanda aka haifa a Sfax ta Tunisiya, ya rubuta jerin darussa a farkon shekarun 1990, na farkonsu ya sa masa suna Balafon, sunan abin kiɗan katakon nan na Mali da Gini. Ba a busa shi sai an iya shaƙar iska ta hanci alhali kumatu na ci gaba da tura wadda ke baki, yadda sauti ba zai yanke ba. Ɗaliban Turai kan yi watanni suna koyon wannan dabara, wadda mai algaita a ƙofar fadar Kano ko Katsina ya taso da ita tun yana yaro.

Akwai ma wanda ya zo har gida ya koya. Yusef Lateef, Ba'amurke Musulmi, gwanin saksofon da sarewa, ya zauna a Zariya daga 1981 zuwa 1985 yana bincike a Cibiyar Nazarin Al'adun Najeriya ta Jami'ar Ahmadu Bello, inda ya nazarci sarewar Fulani. Shi da Ziky Kofoworola suka wallafa littafi kan kiɗa da wasannin Hausa a 1987. A jaz ya yi suna, amma bayan komawarsa ya rubuta dogayen ayyuka na babbar ƙungiya, ciki har da African American Epic Suite na 1993.

Beljiyam ta sa hoton Sax a tsohuwar takardar kuɗinta ta faran 200, garin Dinant kuma yana shirya gasar mabusa ta duniya tun 1994. Manyan marubuta na wannan zamani sun daina ja da baya: Philip Glass ya rubuta wa ƙungiyar mabusa huɗu ta Raschèr a 1995, John Adams ya fitar da koncetonsa a 2013. Rashin gadon da ya wahalar da saksofon a farko ya bar wa mabusansa wata ɗabi'a da ta zama jarinsu, wato ba sa jiran a kawo musu, su ke zuwa nema. Mai goge ba shi da halin tambayar Mozart abin da yake nufi. Mai saksofon kuwa, a Nsukka yake karatu ko a makarantar MUSON ta Legas, yawancin abin da aka rubuta wa kayansa na marubutan baya-bayan nan ne, da dama suna raye, ana iya aika musu saƙo. Haka nan yana iya zuwa wurin marubucin ƙasarsa ya ce a rubuta masa, kamar yadda Raschèr ya je gidan Glazunov.