Ɗalibin Ido da Ɗalibin Kunne: Tarihin Wani Ra'ayi a Fannin Koyarwa

1. Gabatarwa

Akwai ra'ayin da ya zauna daram a zukatan malamai da dama, cewa kowane yaro da hanyar da yake ɗaukar karatu: wani da ido, wani da kunne, wani kuwa sai ya taɓa da hannu. Saboda haka, in ji masu ra'ayin, wajibi ne malami ya gano hanyar kowa, ya koyar da shi ta nan. A wannan ƴar maƙala za mu bi sawun ra'ayin tun daga tushensa, sa'an nan mu duba abin da gwaji ya nuna.

2. Tushe

Ba a aji maganar ta soma ba. A 1880 Francis Galton na Ingila ya nemi mutane su tuno teburin karin kumallonsu, su faɗi yadda suke ganinsa a zuci. Wasu suka ce suna ganinsa tar, wasu suka ce ba su ganin kome. A shekarun nan ne kuma likita Jean-Martin Charcot, wanda ke nazarin majinyatan da ciwon ƙwaƙwalwa ya ɗauke wa magana a asibitin Salpêtrière, ya ce mutane sun bambanta wajen riƙe kalma: wani da surarta a rubuce, wani da sautinta, wani da motsin furta ta. Alfred Binet ya bi wannan rabo a littafinsa na 1894, inda ya kwatanta gwanaye biyu na lissafi da ka: Inaudi mai jin lambobi, da Diamandi mai ganinsu. Sai mu lura cewa duk wannan bayani ne a kan abin da mutum ke ji a ransa. 

3. Shigarsa makaranta

A shekarun 1970 ra'ayin ya yaɗu a makarantun Amurka ta hannun Rita da Kenneth Dunn, da Walter Barbe. A Faransa, Antoine de La Garanderie ya fitar da Les profils pédagogiques a 1980, wanda ya yaɗa rabon “mai gani” da “mai ji” tsakanin malamai masu aiki da Faransanci. A 1987 Neil Fleming na Niyu Zilan ya tsara takardar tambayoyin VARK mai kashi huɗu. Kafin 2004 tsare-tsaren sun yi yawan da Frank Coffield da abokan aikinsa suka ƙidaya 71.

4. Gwaji

Gwada ra'ayin ba shi da wuya. A raba ɗalibai bisa hanyar da aka ce tasu ce. A koyar da rabin kowane rukuni da hoto, rabi da magana. A yi musu jarrabawa ɗaya. In ra'ayin gaskiya ne, ɗaliban ido za su yi fice da hoto, na kunne da magana. A 2008 Harold Pashler da abokan aikinsa uku suka tantance binciken da aka yi, suka tarar kaɗan ne suka bi wannan tsari, kuma babu isasshiyar shaidar da za a kafa koyarwa a kanta. Duk da haka, wani bincike na 2012 ya nuna kashi 93 cikin ɗari na malaman da aka tambaya a Birtaniya, da kashi 96 a Holand, sun yarda da shi. Dalili, a ganinmu, shi ne an haɗa abu biyu: abin da ɗalibi ya fi so, da abin da ya fi amfanarsa. Darasi ne ke zaɓen hanya: taswira sai an gani, karin sauti na Hausa sai an ji.

5. Kammalawa

A Nijar maganar tana da nauyi na daban. Yaron da ya shiga ajin farko ba ya jin Faransanci, in ya yi shiru gaban allo, ana iya laƙaba masa “ɗalibin kunne” a wuce, alhali harshen ne ya tsare masa hanya. Tun 1973, da aka buɗe makarantar gwaji mai koyarwa da Hausa a Damagaram, wannan tambaya ce ke gabanmu, kuma dokar ilimi ta 1998 ta amince da harsunan ƙasa a matsayin harsunan koyarwa. Lokacin da makarantun horon malamai za su kashe wajen rarraba yara ido da kunne, gara su kashe shi wajen koya wa malami bayyana darasi cikin harshen da yaro ke ji.