Ƙarancin Muhalli a Kano Bayan Yaƙin Basasa

Da aka ƙare yaƙin basasa cikin Janairun 1970, sai Kano ta cika maƙil. Ibo da suka gudu a 1966 suka komo Sabon Gari suka karɓi gidajensu, mazauna ciki kuwa suka shiga neman mafaka. Ga kuma manoman da farin 1972 zuwa 1974 ya koro daga ƙauyuka. Ƙarin albashin Udoji a 1975 bai kawo sauƙi ba, domin kuɗin haya ya bi shi ya hau.

Gwamnatin Tarayya ta kafa hukumar gidaje a 1973, kuma shirin raya ƙasa na 1975 zuwa 1980 ya ƙudura gina gidaje 202,000, amma waɗanda aka kammala ba su kai kashi ɗaya cikin biyar ba.

Saboda haka talaka ne ya nema wa kansa mafita. Leburori da 'yan tireda suka riƙa sayen filayen awon igiya a gonakin Sheka da Panshekara. Dokar filaye ta 1978 ba ta hana wannan ciniki ba. Ta haka ƙasar noma ta Kumbotso ta zama unguwanni masu ƙarancin tituna da magudanan ruwa, lamarin da mazaunansu ke fama da shi kowace damina.