Akantan da Ya Ɗora Kyamara a Kan Amalanke

Ranar 18 ga Afrilun 1914 aka fara haska fim ɗin Cabiria a gidan wasan Vittorio Emanuele da ke birnin Turin na ƙasar Italiya. Sunan da aka yi ta kambamawa a talla shi ne na Gabriele D'Annunzio, marubucin waƙoƙin da ya fi kowa tashe a ƙasar. Amma wanda ya ƙaga labarin kuma ya ba da umarni daban yake, sunansa Giovanni Pastrone. Shi ya biya D'Annunzio lira 50,000 don ya ƙawata rubutun da ke fitowa tsakanin hotuna, ya kuma ba da aron sunansa. A wancan zamani fim ba ya magana, masu ilimi kuma sun raina shi, don haka Pastrone ya nemi inuwar da zai fake.

Da aikin akanta ya shiga harkar, a wani kamfanin fim na Turin wanda daga baya ya koma Itala Film, ya yi ta hawa har ragamar ta dawo hannunsa. A 1911 ya fitar da fim kan faɗuwar birnin Troy.

A Cabiria ne ya baje kolinsa. Labarin wata yarinya ne da aka sace a lokacin yaƙin Rum da Kartaj, aka nufi ƙona ta hadaya ga gunkin Moloch. Pastrone ya ƙi amincewa da zanen labule da aka saba kafawa a bayan 'yan wasa. Ya sa aka gina haikali mai matakala da ginshiƙai, aka ɗauki hoto a Tunisiya da Sisili da tsaunukan Alps. To, ina amfanin ginin in kyamara tana kafe wuri guda? Sai ya ɗora ta kan wani ɗan amalanke da ya yi wa rajista tun 1912, tana tafiya sannu a hankali, mai kallo ya ji kamar da ƙafarsa ya shiga. A watan Yunin 1914 har a fadar shugaban Amurka aka haska fim ɗin.

Akwai abin da ba ya kyautuwa a rufe. Fim ne na nasarar Rumawa a Arewacin Afirka, ya kuma fito shekara 2 kacal bayan Italiya ta ƙwace Libiya daga hannun Daular Usmaniyya. Maciste, wani bawa ƙaƙƙarfa a fim ɗin da ya sace zukatan 'yan kallo, Bature ne aka shafa wa baƙi: Bartolomeo Pagano, ɗan dako a tashar jiragen ruwa ta Genoa.

Bayan haka Pastrone ya sake ɓoye kansa da laƙabin Piero Fosco, ya yi Il fuoco da Tigre reale tare da jaruma Pina Menichelli. Da masana'antar fim ta Italiya ta durƙushe bayan Yaƙin Duniya na Ɗaya, ya tattara ya koma binciken magani. A Turin ya rasu, a 1959.