Ganuwa, Kafi da Ribaɗi: Sunayen da Kakanninmu Suka Ba Mafakarsu



Mu da muke zaune a nan kudu, 'ya'yanmu da Turanci da yaren gari suke wuni, Hausa sai an dawo gida. Shi ya sa wata rana yaro zai taso da littafin makaranta ya ce, "Baba, mene ne fortress da Hausa?" Sai ka ga babba ya yi shiru yana sosa ƙeya. Wani ya ce katanga, wani ya ce gidan sarki, wani ma ya ce bariki. Alhali kalmomin suna nan har sun yi yawa: ganuwa, garu, badala, birni, kafi, kagara, tunga, sansani, ribaɗi. Mu ne muka daina rarrabe su, don abubuwan da suke nufi sun zube a ƙasa tun kafin a haifi iyayenmu.

Abin da ke rikita mu shi ne hoton da ke cikin littafin yaron. Za ka ga gini ne na dutse, dogo, mai ƙananan tagogi, da igwa a samansa, irin wanda Turawan Fotugal suka gina a Elmina, a gaɓar tekun Gana ta yau, a shekarar 1482. Irin wannan gini na soja ne da kayansu da dukiyar da suke tsaro. Talakan gari yana waje. Kakanninmu kuwa da suka tashi kare kansu, garin gaba ɗaya suka zagaye, da mutanensa da gonakinsa da rijiyoyinsa da dabbobinsa. In aka fahimci wannan, sauran kalmomin za su zauna daidai.

Mu ɗauki Kano, don ita ce aka fi rubuta labarinta. Tsohon littafin tarihin sarakunan Kano ya nuna Sarki Gijimasu, wanda ake lissafa mulkinsa daga 1095 zuwa 1134, shi ne ya fara ginin ganuwa, ɗansa Tsaraki ya ƙarasa. Muhammadu Rumfa, mai mulki daga 1463 zuwa 1499, ya faɗaɗa ta, aka kuma ƙara faɗaɗawa a ƙarni na 17. Wato aikin ɗaruruwan shekaru ne, sarki bayan sarki. Da Baturen nan Kilafaton ya shigo Kano a 1824, ya ƙiyasta kewayen garin kamar mil 15, tsayin ganuwar ƙafa 30, ya ƙirga ƙofofi 15. Amma abin da ya fi jan hankalinmu a bayaninsa shi ne cewa gidaje ba su ci fiye da rubu'in filin da ke cikin ganuwar ba. Sauran duk gonaki ne da lambuna da fili.

Wannan filin da gangan aka bar shi. Idan labarin yaƙi ya iso, mutanen ƙauyuka sukan kwaso 'ya'yansu da shanunsu da hatsinsu su shigo, a rufe ƙofa. Maƙiyi zai iya zama a waje wata da watanni, na ciki suna noma suna girbi, ga Dala da Goron Dutse a ciki inda za a hau a hango ƙurar dawaki tun daga nesa. Shi kuma na waje guzurinsa ne zai ƙare, damina ta taho, mayaƙansa su fara tunanin gonakinsu. Ganuwa ba ta cika kashe abokin gaba ba, gajiyar da shi take yi.

Kuma ƙasa ce zalla, da tubali da ruwa da ƙarfin mutane. Duk damina sai ta ci wani sashe, don haka bayan an gama aikin gona sai a yi gayya, kowace unguwa da kowane hakimi da rabon da zai gyara. A wajenta akwai rami mai zurfi, ana kuma barin sarƙaƙiya ta cika gefensa yadda doki ba zai ratsa ba. Ƙofofin ƙanana ne, akwai sarkin ƙofa mai rufewa da almuru ya buɗe da asuba, wanda ya makara sai ya kwana a waje. Ta ciki kuma akwai wata 'yar dakali da ke bin jikin ganuwar, inda maharba ke tsayawa su leƙa su saki kibiya. Ita ce asalin badala. Yau in ka ji Bakano ya ce "bakin badala", ganuwar duka yake nufi, sunan ɓangare ya haɗiye na uwar. Garu kuma kowace katanga ce mai kauri da tsayi, ta gari ko ta gidan babban mutum.

A ƙasar Zazzau da kewayenta tsofaffi sukan kira tsohuwar ganuwa da sunan ganuwar Amina, saboda labarin da aka gada cewa Sarauniya Amina duk inda ta yada zango sai ta kewaye shi. A Kabi kuwa Kanta ya gina Surame a ƙarni na 16, har da dutse a ginin, kufanta yana nan a jihar Sakkwato.

To, kalmar da ta fi kowace yin tafiya mai nisa ita ce birni. Yau in muka ce birni, muna nufin babban gari mai kwalta da lantarki. Muna cewa birnin Ikko, birnin Landan, birnin tarayya, ba mai tambayar ina ganuwarsu. Da can ba haka ba ne. Gari ba ya zama birni sai yana da ganuwa da sarki a cikinta, har ita ganuwar kanta ana ce mata birni. Marigayi Farfesa Abdullahi Smith, a nazarinsa kan yadda masarautun ƙasar Hausa suka kafu, a kan wannan tsani ya ɗora bayaninsa: ƙauye, sannan gari, sannan birni. Sunaye sun riƙe mana shaidar: Birnin Kabi, Birnin Gwari, Birnin Kudu, Birnin Ƙonni a Nijar. A Damagaram har gobe akwai unguwar Birni, inda fadar sarki take, da unguwar Zango inda fatake ke sauka. Barebari ma suna da kalmar, babban birninsu na da shi ne Birnin Gazargamu, kuma akwai masana harshe irin su Joseph Greenberg da suke ganin daga wurinsu muka aro ta. Abokan wasa dai sun samu abin yi mana gori.

Daga nan ne aka samu "ɗan birni", wanda ya tashi daga mutumin cikin ganuwa ya koma mai wayon tsiya. Daga nan ne kuma saurayi ke rubuta wa budurwa cewa ita ce a birnin zuciyarsa. In ka duba, tsohuwar ma'anar ce ya yi amfani da ita ba tare da ya sani ba: wuri ne mai ƙofa, ba kowa ke shiga ba.

Akwai wani abu a nan da ya shafe mu kai tsaye. A Kano har yanzu ana cewa Birni da Waje. Da Turawa suka zo, baƙi daga kudu a waje aka ba su wuri, aka kira shi Sabon Gari. Mu ma da muka gangaro, haka aka yi mana. Sabo ta Ibadan, wadda aka keɓe wa Hausawa a 1916, sunanta guntun Sabon Gari ne. Wato mu jikokin mutanen birni, a nan mutanen waje ne. Masu masaukinmu kuma su ma suna da nasu tarihin ganuwar. Wanda ya zauna a Benin ya san ramin nan da ya zagaye tsohon garin, na ƙasar Ijebu kuma sun san Eredo, ganuwar ƙasa da rami da ta yi kusan kilomita 160 a cikin kurmi. Yaron da ke tambayarmu zai fi gane ganuwa in aka kai shi can ya gani da idonsa fiye da hoton littafi.

Ba kowane gari ke da ƙarfin gina ganuwa ba. Ƙaramin gari sai ya kafa itatuwa a jere ya zagaye kansa, shi ne kafi. Sunan Keffi ta jihar Nasarawa daga nan ya fito, Turawa ne suka karkata rubutun. Ga Kafin Hausa a Jigawa, ga Kafin Madaki a Bauchi, ga Kafin Maiyaƙi a Kano. Kalmar tana da wata fuska da tsofaffi suka sani: asirin da ake binnewa a ƙofar gari ko a gida don tsari, shi ma kafi ne. Da aka ce "an kafe garin nan", ba itace ake nufi ba. A tunanin mutanen da, shinge biyu ne, na gani da na ɓoye, kuma suna ɗaya suka ba su. Kagara ma shingen tsaro ce, akwai gari mai sunan a jihar Neja, kuma ita ce kalmar da masu fassara Littafi Mai Tsarki zuwa Hausa suka yawaita ɗauka a inda ake nufin mafaka mai ƙarfi. Tunga ta rage mana a sunayen ƙauyuka da kuma a bakinmu, in mutum ya tsaya ya ƙi ja da baya muka ce ya ja tunga.

Sansani shi ne inda rundunar yaƙi ke sauka. Dubi inda ya koma yau: sansanin alhazai, sansanin masu yi wa ƙasa hidima, sansanin 'yan gudun hijira. Na ƙarshen nan yana da ɗaci. Kalmar da ta kasance ta masu kai hari ta zama ta waɗanda aka kai wa hari, kuma da yawansu daga garuruwan da kakanninsu suka taɓa samun ganuwar fakewa suka fito.

Saura ribaɗi, kuma a ganinmu ita ce ta fi kusa da abin da yaron ke tambaya. Larabci ce, tushenta ɗaurewa, wato inda ake ɗaure dawakin yaƙi a bakin iyaka cikin shiri. Babban birnin Maroko, Rabat, daga wannan kalma ya samo suna. A ƙasarmu Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, wanda ya yi mulki daga 1817 zuwa 1837, shi ne ya mai da ita tsarin mulki. Bayan jihadi, Gobirawa da Kabawa ba su ajiye makami ba, suna kawo hari ta arewa da yamma. Sai Bello ya riƙa kafa garuruwa masu ganuwa a bakin iyaka, ya ɗora 'ya'yansa da 'yan uwansa a kansu, ya zaunar da Fulani makiyaya su yi noma, a gina masallaci da makaranta, mazauna su zama su ne masu gadi. Shi kansa ya bar Sakkwato ya tare a ribaɗinsa na Wurno, a can ya rasu, a can kabarinsa yake. Ko a nan ma, ka ga, da aka aro kalmar soja sai da aka mai da ita gari mai gona da kasuwa.

Kalmar ta bi jihadi har Adamawa. Kafin Modibbo Adama ya kafa Yola a 1841, ya zauna a wani gari da ake kira Ribadu. Wannan suna ne Alhaji Muhammadu Ribadu, ministan tsaro na jamhuriya ta farko, ya ɗauka, kuma sunansa aka sa wa titin Ribadu da ke Ikoyi, inda barikin Dodan yake. 'Yan uwanmu na Obalende da ke bin titin nan kullum, sunan ribaɗi suke kira ba su sani ba.

Ƙarshen zamanin ganuwa ya zo da sauri. Ranar 3 ga Fabrairu 1903 sojojin Ingila ƙarƙashin Kanar Morland suka tsaya a bayan Kano, Sarki Alu yana kan tafiyar Sakkwato. Igwarsu ba ta iya huda jikin ganuwar ba, ƙasa ce mai kaurin gaske tana haɗiye harsashi. Sai suka nemi ƙofa, suka fasa ta Kabuga suka shiga. Lugga da kansa da ya zo ya gani ya rubuta cewa bai taɓa ganin irinta a Afirka ba. Amma daga ranar aikinta ya ƙare. Ba wanda zai sake kiran gayyar gyara, kuma ginin ƙasa in aka daina shafa masa hannu, ruwan sama ya ishe shi. Abin da damina ta bari, masu ɗibar ƙasa da masu neman fili suka ƙarasa. A 2007 an sa ganuwar Kano da Surame cikin jerin wuraren da Najeriya ke neman hukumar UNESCO ta amince da su a matsayin kayan tarihin duniya, amma duk wanda ya je gida kwanan nan ya ga shaguna da gidaje a inda badala take, wasu ƙofofin kuma an rushe su don faɗaɗa titi an sake gina su da siminti.

Abin da ya maye gurbin ganuwa shi ne bariki, inda Bature ya ajiye sojansa a wajen gari. Ku lura da yadda Bahaushe ya karɓi wannan kalma. Bai taɓa jin ta a matsayin mafaka ba. Ya ce ɗan bariki, ya ce zaman bariki, ya ce idon bariki, duk ba yabo a ciki. Ganuwa kuwa har yau in sarki zai girmama wanda ya tsaya wa jama'arsa, yakan naɗa shi Ganuwa ko Garkuwa.

Don haka in yaro ya sake kawo tambayar, sai a fara tambayarsa abin da ke cikin hoton. In gari ne a kewaye, ganuwa ce, garin kuma birni. In shingen itace ne, kafi ko kagara. In runduna ce ta sauka ta kwana biyu, sansani. In wuri ne da aka gina a bakin iyaka aka zuba masu tsaro, ribaɗi. Dattawanmu na Sabo da Zango da suka taso a Katsina ko Zariya ko Haɗeja suka ga ganuwa a tsaye, muna roƙo su faɗa mana abin da ake kiran ramin bayanta da sauran sassanta a garinsu, don mun san bakin Sakkwato da na Kano ba ɗaya ba ne a nan.