Aro ko Ƙwace: Waiwaye a Kan Tarihin Tattara Adabin Baka na Hausa

Gabatarwa

A wannan takarda za mu yi ƙoƙarin duba yadda Turawa suka ɗebi adabin baka na Hausa, don mu gane inda aron al'ada ya tsaya da inda ƙwace ya fara. Ma'auninmu uku ne, watau sunan wa aka ambata, wa ya ci moriyar aikin, kuma ko aikin ya komo hannun masu shi.

Dorugu da Schön

Dorugu yaro ne Bahaushe daga ƙasar Damagaram wanda aka bautar, daga baya aka 'yanta shi. Ya bi Heinrich Barth zuwa Ingila a 1855. A can ya zauna da J. F. Schön, wani ɗan mishan, ya riƙa ba shi tatsuniyoyi da labarin rayuwarsa, shi kuwa yana rubutawa. Wannan zama ya taimaka ƙwarai wajen samar da littafin nahawun Hausa na 1862, da ƙamus na 1876, da Magana Hausa na 1885. Gaskiya ne Schön ya ambaci Dorugu a cikin aikinsa. Amma Schön ne ya sami lambar yabo ta Volney a Faransa, da digirin girmamawa na Jami'ar Okusfod. Dorugu kuwa ya rasu a Kano a 1912, sai a 1971 Kirk-Greene da Newman suka fitar da labarinsa a littafin da ya ɗauke shi a matsayin mai labarin. Wannan shi ne kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Malam Shaihu da Baba

Ba duka aka taru aka zama ɗaya ba. A 1913 R. S. Rattray ya buga tatsuniyoyi da karin maganar da Malam Shaihu ya rubuta masa a ƙasar da ake kira Gana a yau. Ya bayyana sunan malamin, ya kuma buga rubutunsa na ajami kamar yadda yake, ta yadda duk almajirin da ya sami littafin zai iya karantawa. Haka nan Mary Smith, wadda ta zauna da Baba ta Karo a ƙasar Zazzau tsakanin 1949 da 1950, ta sa sunan tsohuwar a bangon littafin da ya fito a 1954. Sai dai kash, da Turanci ya fito, don haka matan da ya ba da labarinsu ba su sami damar karanta shi ba.

Kammalawa

Daga waɗannan misalai za mu ga cewa laifin ba a sha'awar al'adar wani yake ba, domin ba don wannan sha'awa ba da tatsuniyoyi masu yawa sun salwanta. Laifin yana wajen mai da mai abu ɗan rakiya. Har ila yau, wannan ma'auni ya hau kanmu. Mu ma muna ɗaukar waƙoƙin makaɗa da tatsuniyoyin tsofaffi da al'adun Maguzawa da na Gbagyi muna samun digiri da su. Ya wajaba mu nemi izini tukuna, mu rubuta sunan mai abu idan ya yarda, mu ba shi rabonsa, sa'an nan mu mayar masa da aikin cikin harshen da yake ji.